Zinariyar da Na Ɓoye a Baki Gaban Surukina

Ba zan taɓa mantawa da wata Asabar ta watan Yuni ba, kuma ko na so in manta akwai mutum uku a garin Lyon na ƙasar Faransa da ba za su bar ni ba. Ranar ce na tsuguna a bakin wani kogi, ina ɗan shekara talatin da huɗu, da gemuna da hankalina, na tafka abin da har yanzu in na tuna sai in ji kunnuwana sun ɗauki zafi. Bari in faro muku daga tushe, don kada ku ɗauka haka kawai na zare.

Ni mutumin Damagaram ne. Ina aiki a wani sito na kayan sari a Aubervilliers, gefen birnin Paris, inda nake ɗaure wa 'yan kasuwarmu jakunkuna da takalma a kwali ana aika musu gida. A wajen wani suna a unguwar Belleville ta Paris na haɗu da Nafisa. A Lyon aka haife ta, tana aiki a kantin magani, kuma tana iya fara magana da Hausa ta ƙare da Faransanci ba ta ko ja numfashi ba. Mun shekara muna magana har ta kai ga zancen aure. Abu ɗaya ya rage, amincewar mahaifinta, Alhaji Sani, mutumin Maraɗi, tsohon ɗan kasuwa wanda ba a taɓa jin ya amsa tambaya a ranar da aka yi masa ita ba. Ya ce ba zai karɓi magabatana ba sai ya zauna da ni ya ga irin mutumin da nake.

Zuwana na farko gidansu ne na shuka tsiyar. Ana cikin hira bayan abinci, Nafisa ta ce, "Papa, ai ya yi Jado lokacin zinariya." To gaskiya ne na je Jado, can arewacin ƙasarmu, lokacin da kowa ya ɗauki buhu ya nufi sahara. Wata huɗu na yi. Amma aikina a can shi ne sayar da ruwan sanyi da cajin waya a ƙarƙashin tanti. Ban taɓa riƙe diga ba, ban taɓa shiga rami ba, zinariyar da na gani duk a tafin hannun wani take. Sai dai da Alhaji ya ɗago kai ya dube ni, karon farko tun da na shigo gidan, bakina ya tsinke. Na ce masa ina gane ƙasa mai zinariya da ido. Na ce masa tun daga launin yashi nake sani. Har na ce da ƙamshi (wallahi na faɗi haka, da ƙamshi, kamar ana zancen miya). Alhaji ya gyaɗa kai ya ce, "Madalla," ya koma kan shayinsa.

Nafisa kuwa ta ɗauki maganar da gaske. Bayan sati biyu ta kira ni tana murna, ta ce ta samo abin da zai haɗa ni da mahaifinta. Wai akwai wata mata da ke ɗaukar mutane kaɗan a ƙaramar mota, ta fita da su daga Lyon da safe zuwa cikin duwatsun da aka taɓa haƙar zinariya a zamanin da, ta nuna musu tsofaffin ramuka da ƙauyuka, a ƙarshe a sauka kogi kowa ya gwada wanke yashi da hannunsa, a dawo da yamma. Ta riga ta kama mana wuri huɗu.

"Papa zai gan ka cikin aikinka," in ji ta. "C'est parfait, ya yi daidai, ko?"

Na ce parfait ne. Na ajiye wayar na zauna kan wani kwalin takalma har ya lotse.

Sati guda na yi ina kallon bidiyon masu wanke yashi a waya, ina gwadawa da kwanon cin abincina a bahon wanka. Ranar Asabar na hau jirgin ƙasa na farko daga Paris, na isa Lyon kafin rana ta yi zafi. Motar tana jiranmu kusa da tasha. Mu takwas ne: ni, Nafisa, Alhaji cikin farar riga da hula kamar zai je ɗaurin aure, Hajiya mahaifiyar Nafisa da kwandon abinci, sai wani tsohon Bafaranshe da matarsa, da wasu mata biyu 'yan Beljiyam. Mai yi mana jagora, kuma ita ce direba, sunanta Madam Selin, doguwar mace mai takalmin hawan dutse da fara'a kamar an yi mata albishir.

Gaskiya wurin yana da kyau, ko ni da ke cikin tsoro na gani. Muka bar babbar hanya muka yi ta hawa, duwatsu kore shar, ƙananan rafuka suna gangarowa ta ko'ina, shanu masu ƙararrawa a wuya suna kiwo babu makiyayi (wannan ya fi komai ba Alhaji mamaki, sau uku yana tambaya wa ke tsaronsu). Madam Selin ta tsaya da mu a wani ƙauye na gidajen dutse, sannan ta kai mu bakin wani tsohon rami da aka toshe da ƙarfe, iska mai sanyi tana fitowa daga ciki. Ta ba da labarin mutanen da suka ƙare rayuwarsu suna fasa dutsen nan, yawancinsu ba su samu abin kirki ba. Nafisa tana fassara wa Hajiya. Ni kuwa na ɗauki wani dutse, na juya shi, na ɗan shinshina, na yi "hmm" na ajiye. Alhaji yana kallona.

Wajen sha ɗaya da rabi muka isa kogin. An ajiye motar a sama, sai an gangara da ƙafa ta wata siririyar hanya mai tsawo. Muna isa ƙasa Hajiya ta ce kash, ta manta 'yar kujerarta a mota, ga gwiwa ba ta barin ta tsuguno. Mai neman aure ai ba ya jin irin wannan ya tsaya. Kafin kowa ya motsa na karɓi makulli na kama hawa da gudu. Na ji Madam Selin tana tafa hannu tana cewa kowa ya matso za ta yi bayani, na ce a raina wane bayani za a yi wa mutumin Jado.

Bayanin nan da na tsallake, shi ne dukan labarin. Amma ban san haka ba sai daga baya.

Da na dawo ina haki da kujera a ka, na tarar kowa ya tuɓe takalmi ya shiga ruwa zuwa ƙauri. An jera bokitai cike da yashi a bakin gaɓa, kusa da wani ɗan gurbi da ruwa ya ci, kowa da nasa bokitin da baƙar tasa mai faɗi. Ban yi wata-wata ba na ɗauka nan wurin aka ɗebo yashin. Nafisa da kanta ta miƙo mini nawa, tana wani murmushi da na ɗauka na soyayya ne kawai.

Aikin ba wuya a ido. Ka zuba yashi a tasa, ka nutsa ta a ruwa, ka yi ta kaɗawa kana juyawa har marar nauyi ya tafi, mai nauyi ya kwanta a ƙasa. Hajiya ta kalla sau ɗaya ta ce, "Au, rege shinkafa ne ashe," ta zauna kan kujerarta a bakin ruwa ta kama aiki kamar a tsakar gidanta. Ni kuwa na matsa can gefe na juya wa mutane baya, don kada a ga ban iya ba.

Tasa ta farko babu komai. Ta biyu, da yashin ya yi ƙasa, sai na ga wasu 'yan ɗige-ɗige rawaya sun manne a baƙin ƙarfen. Na ƙifta ido, suna nan. Na ƙara kaɗawa a hankali, sai ga wani abu ya mirgino, girmansa kamar ƙwayar dawa, rawaya mai sheƙi, nauyinsa har ana jin ƙararsa a tasa.

Innalillahi. Na san zinariya in na gan ta, wannan kam Jado ta koya mini. Na ga mutanen da suka yi wata biyu a rami, leɓensu ya tsage, ba su samu rabin wannan ba. Ni kuma ga ta a tasa ta biyu, a ƙasar Faransa, ƙafata cikin ruwan sanyi, shanu suna kaɗa ƙararrawa a bayana.

To a nan sai na yi muku bayanin wata doka. A Jado abu na farko da kowa ya sani, har mu masu sayar da ruwa, shi ne wanda ya samu ba ya faɗa. Ba ka murmushi, ba ka sauri, ba ka taɓa aljihu. In ƙarama ce ka jefa ta a baki, ka tura ta bayan haƙori, ka ci gaba da aiki da fuska kamar an aiko maka da rasuwa. Na taɓa ganin wanda ya yi ihun murna da hantsi, kafin la'asar ba ya ko iya ganin bakin raminsa saboda jama'a. Ban taɓa samun abin ɓoyewa ba a can, amma ashe dokar ta zauna a jikina tana jiran ranarta. Kafin in yi tunani, yatsuna sun ɗauki ƙwayar nan sun kai baki. Na dangwali ƙananan ma da yatsa na lashe, har da yashin da ya biyo su.

Ina cikin haka Hajiya ta rangaɗa guɗa. Ta samu. Kowa ya taru ana tafi, Madam Selin ta zuba mata 'yan ɓarɓashin a wata 'yar kwalba mai ruwa. Can tsohon Bafaranshen ya ɗaga hannu, shi ma ya samu. Matan Beljiyam suka samu, suna ɗaukar hoto. Har Alhaji, da ya naɗe ƙafar wando yana kaɗa tasa da yatsu biyu don kada rigarsa ta jiƙe, ya samu 'yan ƙwayoyi uku.

Maimakon wannan ya farkar da ni, sai ya ƙara ruɗa ni. Na dubi kogin nan daga sama har ƙasa, kaina ya yi dum. Kowace tasa zinariya! Mutanen nan suna zaune kan irin wannan arziki suna ta yin cuku! Kuma ga su nan suna shela, suna nuna wa juna, ko tsoro babu. Na ji tausayinsu. A tsaye a wurin na gama tsara komai. Na sa ido kan wani dutse mai tsagi don in gane wurin, zan dawo ranar Talata da rariya da buhu, wata ɗaya kawai, sannan in shiga gidan Alhaji da mota tawa ta kaina. Ina faɗa muku gaskiya, cikin duk wannan tsari ban tuna da Nafisa ba sai a matsayin wadda za a ba mamaki daga baya.

Sai ga ta a kusa da ni, kafaɗarta tana taɓa tawa.

"Alors? Ba ka ga komi ba?"

Na girgiza kai.

Ta leƙa tasar, ta leƙa bokitin da na kusa ƙarewa. Murmushinta ya ragu. "Ka duba da kyau? Rien du tout, ko ƙwaya ɗaya?"

Na dube ta ido cikin ido na sake girgiza kai, na ɗan taɓe baki irin na wanda ya saba da rashin sa'a. Ba zan iya magana ba ko na so. Yawu ya taru mini a baki, ina tsoron haɗiyewa kada dukiya ta wuce ciki, ina tsoron buɗewa kada ta haska.

Nafisa ta je ta yi wa Madam Selin raɗa. Matar ta zo da sauri, ta tona sauran yashin bokitina da hannu, ta duba ruwan da ke gaban ƙafata, ta dafe kai ta ce, "C'est pas possible!" Wai ba zai yiwu ba. Ni kuma na ce a raina, ka ji ta, ta fara zargi, so take ta san inda jijiyar zinariyar take. Ta kawo mini wani bokiti. Na wanke, na samu 'yan ƙanana, na faki ido na lashe. Ta dawo, na nuna mata tasa wayam. Fuskar matar nan ta yi ja, ta yi ta ba ni haƙuri, ta kawo na uku. Shi ma na yi masa yadda na yi wa 'yan'uwansa.

Zuwa lokacin kowa ya bar tasa ya zo kallona. Mutum bakwai sun samu, har da Hajiya mai ciwon gwiwa, sai gwanin Jado kaɗai. Alhaji ya tako a hankali ya tsaya a kaina.

"Malam, kai da ka san ta da ƙamshi? Mura ta kama ka?"

Na sunkuyar da kai na yi wani gurnani ta hanci. Allah ya taimake ni an ɗauka kunyar suruki ce. Hajiya ma har ta ce, "Alhaji ƙyale shi, yaron akwai kunya." Nafisa kuwa ta tsaya can gefe ta harɗe hannu tana kallon ruwa, na ga idonta ya kawo ƙwalla, na ɗauka takaicin na ba ta kunya ne. Na ce a raina yi haƙuri, wata ɗaya ne.

Madam Selin ta shimfiɗa tabarmar abinci a inuwa. Na fara tunanin yadda zan sulale bayan wata bishiya in juye abin da ke bakina a hankici. Ban kai ga motsawa ba Alhaji ya dubi rana ya dubi agogo ya ce, "Azahar ta yi. Mu yi salla tukuna. Malam, zo mu yi alwala."

Muka tsuguna a kan wani faffaɗan dutse baƙi a bakin ruwa, ni da shi, gwiwa da gwiwa. Na wanke hannu sau uku, a hankali, kamar mai jiran wani ya zo ya cece ni. Babu wanda ya zo. Sai na ɗebi ruwa na kai hanci kai tsaye, na wuce fuska.

"Ka tsallake baki," in ji Alhaji, ko juyowa bai yi ba.

Na yi kamar ƙarar ruwa ta hana ni ji.

"Malam. Kurkurar baki. Sunna ta, na sani, amma mi ya hana ka? Ruwa sun ƙare?"

Yanzu kam ya juyo gaba ɗaya yana kallona. Na ɗebi ruwa a tafin hannu na kai baki. Dabarata ita ce in danne ƙwayar da harshe, in ɗan motsa kumatu, in fitar da ruwan ta gefe. Amma ruwan dutsen nan sanyinsa kamar ƙanƙara, ya daki wani haƙorina mai rami, na zabura na ja numfashi, ruwa da yashi da yawun awa guda suka bi hanyar da ba tasu ba. Na ƙware.

Tarin da na yi har shanu sai da suka ɗago kai. Duk abin da na tara ya fito a fesa ɗaya, ya watsu a kan baƙin dutsen nan, rana tana dukansa, yana walƙiya ɗaya bayan ɗaya. Babbar ƙwayar kuwa ta yi tsalle sau biyu, ta mirgina, ta je ta tsaya daidai kan babban yatsan ƙafar Alhaji.

Tsohon Bafaranshen yana riƙe da burodi a hanyar baki, ya tsaya a haka. Hajiya ta ce, "La'ilaha illallahu," a hankali, kamar ta ga gawa. Alhaji ya daɗe yana kallon ƙafarsa, sannan ya sa yatsu biyu ya ɗauki abin, ya ɗauraye a ruwa, ya ɗaga shi sama yana dubawa. Na buɗe baki zan yi bayani, sai ɗaya daga matan Beljiyam ta yi ƙara ta rufe bakinta da hannu. Ashe haƙorana da leɓena duk sun manne da ɓarɓashi, ina sheƙi kamar zanen amarya.

Madam Selin ce ta fara farfaɗowa. Ta dafa ƙirji ta fashe da dariyar wadda aka sauke wa kaya. "Ah, la voilà! Ga ta nan! Na ɗauka ruwa ya tafi da ita!"

Na dube ta na yi tambayar da ta ƙarasa ni. Na ce, "Kin san da ita?"

Ta daina dariya ta dube ni da mamaki. Ta ce ai ita ta zuba. Kogin nan in ka wuni kana wankewa da ƙyar ka ga ƙura biyu, shi ya sa take sayen 'yar zinariya ta barbaɗa a kowane bokiti tun a gida, don kada baƙo ya koma hannu wofi. Yashin ma a garejinta ta cika shi jiya. Ta ce ai ta faɗa wa kowa tun da farko, ba ta ɓoye wa kowa. Sai ta tuna. "Ah, kai ne ka tafi ɗauko kujera."

Da ta tsaya nan da na gode wa Allah. Amma matar kirki ce, tana so ta gyara, sai ta ƙara da cewa, "Babbar kuwa ba kowa nake sa wa ba. Mademoiselle Nafisa ce ta kira ni tun ranar Laraba, ta roƙe ni in sa a bokitinka, don ka same ta a gaban mahaifinta ka ba mamanta kyauta."

Na juya na dubi Nafisa. Ba ta kuka, ba ta dariya. Kallona kawai take yi kamar yau ta fara ganina. Na taɓa jin kunya a rayuwata, amma ban taɓa jin irin wannan ba sai ranar. Da ƙasa za ta tsage da na shige, in ja dutsen in rufe.

Alhaji ya ajiye ƙwayar a gefen dutse ya ce, "Ida alwalarka. Wannan karon ka kurkure da kyau."

Na bi shi salla, amma kada ku tambaye ni abin da ya karanta. Bayan an sallame Madam Selin ta tattara abin da na fesar, ta zuba a 'yar kwalba ta miƙo mini. Na rasa yadda zan yi da ita, sai na durƙusa na miƙa wa Hajiya da hannu biyu. Ta ja baya da kujerarta ta ce, "A ƙara wankewa tukuna." Abincin rana kuwa, ga kilishi ga dambun nama da Hajiya ta kwana biyu tana yi, ko loma ban iya kaiwa ba. A hanyar dawowa Madam Selin ta tsaya a wani wuri mai tsayi don a ga kwarin gaba ɗaya, kowa ya fita ɗaukar hoto, ni na zauna a mota ina kallon takalmina.

Da muka isa Lyon na so in zarce tasha, Alhaji ya ce a'a, in biyo su gida. Ya kai ni falo, ya rufe ƙofa, ya zauna ya cire hula.

"Tambaya biyu gare ni," in ji shi. "Ta hwarko, mi ka yi a Jado?"

"Ruwan sanyi na sayar, Alhaji. Da cajin waya."

"Na sani tun ranar da kac ce ƙamshi. Ni ma dako na hwara a tashar Maraɗi, wannan ba abin kunya ba na. Ta biyu. Da kogin nan cike yake da zinariya yadda ka zata, wa za ka hwaɗa ma?"

Ƙarya ta zo mini har bakin harshe, kyakkyawa, a shirye. Amma na gaji. Na ce, "Ba kowa, Alhaji. Sai na gama kwashewa."

Ya gyaɗa kai. "To. Gaskiya biyu a jere, an samu ci gaba. Amma ɗiyata na tsaye kusa gare ka, kahwaɗa da kahwaɗa. Wadda kake so in ba ka amanarta, ba ka iya ba ta amanar ƙwaya guda ba. Ba ni za ka ba haƙuri ba. In ta yahe maka, turo manyanka. In ba ta yahe ba, kada ka wahal da kanka da jirgi."

Na same ta a bakin ƙofar fita, riƙe da jakata. Ta miƙo mini ta ce, "Sau biyu na tambaye ka. Deux fois. Ka dube ni cikin ido." Ta rufe ƙofar a hankali, ban ko ji ƙararta ba.

Sati uku ba ta ɗauki wayata ba. Na aika ban haƙuri iri-iri, shiru. Na yi ta rama har abokan aiki suka fara tambaya ko azumi nake. Ranar da dabara ta ƙare mini, na zauna a bayan sito na yi mata saƙon murya mai tsawo, ba haƙuri a ciki, sai jerin duk wani abu da na taɓa ƙara wa gishiri tun haɗuwarmu. Motar da na zo da ita ranar suna ta aro ce. Ɗakin da nake kwana a unguwar Stains mu uku ne a ciki. Ni ba mataimakin mai sito ba ne, mai ɗaure kwali ne. Ba na son cuku, duk wanda ta taɓa ba ni a aljihu ya ƙare. Washegari amsa ta zo, kalma biyu: "Akwai saura?"

Akwai saura kuwa. Sai da na ƙara saƙo biyu.

An ɗaura aurenmu bayan wata goma. Abin da na koya ba wani mai zurfi ba ne, amma na saye shi da tsada: duk abin da ya faɗo hannunka, mai daɗi ko marar daɗi, wadda ke tsaye kusa da kai ita za ta fara ji, kuma tun kafin ta tambaya. Yanzu ko wurin ajiye mota na samu a Belleville sai na kira ta na shaida mata. Ta ce in rage, tana wurin aiki. Ban rage ba.